"Jiki ya fi kunne ji": zagi ce ko nasiha?

Baban Ilham: Assalamu alaikum. Magana ce ta tashi a ofishin kati na wani asibiti a nan Kano, tsakanin ma'aikata biyu masu sa wa cuta lamba. Yarinya aka kawo, risho ya tashi da ita shekara uku da suka wuce, kunnen hagu ya naɗe, ga tabo mai tudu, an zo a yi mata aiki. Ɗayansu ya rubuta T20.312A, lambar ƙuna mai zurfi a kunnen hagu. Abokin aikinsa ya ce ba haka ba ne, ya ƙi ji. Da masu inshora suka dawo da takardar ba biya, sai abokin ya ce masa, "Ai jiki ya fi kunne ji." Yanzu ba sa ga-maciji. Wanda aka faɗa wa ya ce an mai da shi jaki ne, wanda ba ya ji sai da duka. To masana, zagi ce ko nasiha?

Malam Na Fagge: Wa alaikumus salam. Asalinta gargaɗi ce ga yaro mai kunnen ƙashi: an faɗa maka ka ƙi, to jikinka zai gaya maka. Uba ya faɗa wa ɗa, ba laifi. Sa'a ya faɗa wa sa'a a gaban mutane, akwai cin fuska a ciki. Da ya ce masa "in kunne ya ji, jiki ya tsira" tun kafin a tura takardar, da ba a kai ga haka ba.

Maman Walid: Allah ya gafarta Malam, ya faɗa masa mana, shi ne ya ƙi ji. Kuma kuskuren ba ƙarami ba ne. Harafin A da ke ƙarshen lambar na ƙunar da ake kan yi wa magani ne. D na lokacin da take warkewa ana zuwa wanki da dubawa. S na abin da ƙunar ta bari bayan ta warke. Abin da ke ruɗa mutane shi ne tiyata: da sun ga za a shiga da mutum ɗakin aiki sai su ce ai magani ake yi, su sa A. Alhali tabon ake yi wa aiki, ƙunar ta warke tuntuni. Daidai shi ne a fara da abin da ya kawo ta yau, L91.0 na tabo mai tudu, da H61.112 na lalacewar siffar kunnen hagu. Sannan T20.312S ta biyo baya, sai X04.XXXS ta tashin kalanzir a ƙarshe. Lambar S ba ta zama a gaba.

Ɗan Gwammaja: Hajiya kin gama magana, sai dai wannan tsarin ICD-10-CM ne, littafin lambobin cututtuka na Amurka, wanda suka fara aiki da shi a Oktoban 2015. Wanda wurin aikinsa ke bin ICD-10 na Hukumar Lafiya ta Duniya ba zai sami harafi na bakwai ba, wato A, D ko S, ba kuma dama ko hagu. Shi zai sa L91.0 ko H61.1 a gaba, T95.0 ta abin da ƙunar kai da wuya ta bari a baya, sannan Y86 ta abin da haɗari ya bari. A na Hukumar, abin da ya kai shekara ɗaya bayan rauni yana shiga cikin abin da rauni ya bari. Na Amurka bai yanke lokaci ba. Kowa ya fara duba littafin da ke kan teburinsa, kada a gwamutsa biyun a takarda ɗaya.

Nas Ummi: Ni fa ba haka nake jin karin maganar ba. Ina jin ta ne a kan abin da jiki ya nuna ya fi abin da aka faɗa. Uwa za ta ce ya warke, ka ɗaga ɗankwali ka ga gefen kunne ya kumbura, ya yi ja, yana fitar da mugunya. Guringuntsin kunne ba shi da jijiyar jini tasa, fatar da ke lulluɓe da shi ce ke ciyar da shi. In fatar ta ƙone, ƙwayar cuta ta shiga, bayan sati uku zuwa biyar sai ya fara narkewa, kunnen ya tattare. Shi ya sa muke hana kwanciya a kan kunnen da ɗaure shi tamau da bandeji. Ƙunar da ba ta rufe ba, ko ta yi wata shida, ba ta shiga S ba tukuna.

Maman Walid: Gaskiya ne 'yar uwa, amma mai sa lamba ba ya ganin jiki, fayil yake gani. In likita ya rubuta "tabo a kunne" kawai, ba ka da ikon ƙirƙiro wuta. Hujin ɗan kunne ma yana kawo irin wannan tudun. Sai ka mayar masa ya rubuta dalili, da wane kunne, da zurfin ƙunar tun farko. A nan kam kunne ya fi jiki, don labarin da aka ba likita shi ne hujja.

Yaya Asabe: Kun tuna min da kakarmu ta Yakasai, Allah ya jiƙanta. Tana 'yar rarrafe mahaifiyarta na tuyar ƙosai a zaure, ta jawo kaskon, mai ya bi ta gefen kanta na dama. Aka shafa mata ƙwai da tawada, aka ɗaure da tsumma. Kunnen ya warke a manne da kai, ƙofarsa ta tsuke, tsinken ashana ma da ƙyar zai shiga. Tsawon rayuwarta ɗan kunne ɗaya take sawa, ɗaurin kallabinta kullum a karkace yake ta dama. Kishiyoyi suka sa mata suna mai girman kai, wai ana gaishe ta tana share mutane, alhali ta wannan gefen ba ta ji ne. In za ka yi mata magana sai ta juyo maka da hagu ta ce zo ta nan. Ba ta yarda a yi tuya da yaro a kusa, ko ɗan maƙwabta ne sai ta ɗauke shi ta kai ɗaki. In aka ce Iya kin cika tsoro, ta ce ku da kunne kuka ji wuta, ni da jiki na ji ta, jiki kuwa ya fi kunne ji. Ita ba ta taɓa faɗa wa kowa don zagi ba.

Malam Na Fagge: Allah ya gafarta mata. Wannan fassara ta uku ke nan, wato wanda abu ya sama ya fi mai jin labari sani. Amma kunne ya girmi kaka, Hajiya. Ita kanta ba ta tuna ranar ba, faɗa mata aka yi.

Ɗan Gwammaja: Da yau ne, Iya lamba huɗu gare ta ko biyar: H61.111 ta siffar kunne, rukunin H61.3 na tsukewar ƙofa, H90.11 in gwajin ji ya tabbatar ɗayan kunnen lafiya yake, T20.311S ta tsohuwar ƙunar kunnen dama, sai X10.2XXS ta tafasasshen mai. A lura, T20.31 ba ta haɗa da dodon kunne ba, shi yana T28.41. In ruwan batir ne ko asid, T20.71 ake nema.

Na Kurna: Don Allah masu lamba, wanda kunnensa biyu suka toshe washegarin rantsuwar kama aiki, suka buɗe sai bayan shekara huɗu, wace lamba ce tasa?

Baban Ilham: Wannan ai a Indiya ko Masar ake duba su, fayil ɗinsu ba ya zuwa ofishinmu.

Na Kurna: Mu kuwa jikinmu ya ji, amma taliya leda biyu ta mantar da mu. Ashe karin maganar ma ba kullum take aiki ba.

Nas Ummi: Ku bar siyasa, sanyi ya kusa, kasko da risho za su koma ɗaki. In ƙuna ta faru, ruwa mai sanyi na minti 20, ba ƙanƙara ba, ba man goge baki, ba ƙwai, a cire ɗan kunne kafin kumburi, a wuce asibiti, Murtala ko Dala ko na Malam Aminu Kano, duk wanda ya fi kusa.

Yaya Asabe: To zuma fa? Iya ta rantse da zuma aka sa mata da kunnen bai manne ba.

Nas Ummi: Wadda ake sawa a asibiti tatacciya ce da aka kashe wa ƙwayoyin cuta, kuma ba ta tayar da fatar da ta mutu har ƙasa. Ta bakin titi kuwa wa ya san me aka dama a ciki?

Na Kurna: Sukari da ruwan zafi. Ku tambayi maƙwabcina, shi ke damawa.