Neman sakin ɗaurarre saboda rashin lafiya: waɗanda suka bi hanyar su ba mu labari

Mai tambaya: Assalamu alaikum. Mahaifinmu yana ɗaure, saura masa shekara 4, ga shi ƙodarsa ta gaza. Sau uku a mako ake fita da shi wankin ƙoda, da ankwa a ƙafa. Ziyarar da na kai masa ta ƙarshe, kofin ruwa ma sai da ya sa hannu biyu kafin ya iya riƙewa. Don Allah duk wanda ya taɓa neman a saki nasa saboda ciwo, ya faɗa mini abin da alƙali yake dubawa.

Wata 'yar'uwa mazauniyar Amurka: Wa alaikumus salam. Allah ya ba Baba lafiya. Ni yayana ne, ciwon daji ya ci huhunsa yana gidan yarin tarayya. A nan, tun dokar First Step Act ta 2018, ɗaurarre yana rubuta wa shugaban gidan yari, idan kwana 30 suka wuce sai ya kai buƙatarsa gaban kotun da ta yanke masa hukunci. Karon farko aka ƙi mu. Takardar likitan cewa kawai ta yi yana fama da matsanancin ciwo, alƙali kuwa ya ce bai ga inda aka nuna gidan yarin ya kasa kula da shi ba. Na yi kuka har na gode Allah. Da muka koma, likita ya rubuta matakin da ciwon ya kai, da cewa ba ya iya wanka ko zuwa banɗaki sai an riƙe shi. Muka haɗa da hoton ɗakin da zai kwanta a gidana da sunan asibitin da zai ci gaba da duba shi. Aka sake shi. Wata biyar ya yi a hannuna kafin Allah ya karɓi abinsa, kuma wata biyun da takarda maras bayani ta cinye mana har yau suna yi mini ciwo.

Wani lauya: Allah ya jiƙansa, Hajiya. Abin da kika faɗa shi nake gani a aikina. Tambaya uku ce take dawowa kusan ko'ina: ciwon na ajali ne ko ya hana mutum kula da kansa? In an sake shi, akwai fargabar ya sake aikata laifi? Wa zai riƙe shi a waje? Sashe na 79 na dokar gidajen yarin Afirka ta Kudu ma waɗannan ukun ya jera. Sai dai ke mai tambaya, ki fara gano wa ke da ikon sakin a ƙasar da Baba yake, don ba kullum kotu ba ce. A Afirka ta Kudun, shugaban hukumar gidajen yari ne ya saki tsohon shugaban ƙasar, Jacob Zuma, a Satumbar 2021 duk da kwamitin likitoci bai amince ba, kotu kuma ta soke sakin a Disambar shekarar.

Tsohuwar ma'aikaciyar jinya a gidan yari: 'Yata, ki nemi kwafin fayil ɗinsa na asibiti tun yanzu. Na ga dattijon da shanyewar ɓarin jiki ta kwantar, abokin ɗakinsa ne yake juya shi yana goge masa jiki, amma ba mu rubuta haka a fayil ba, sai hawan jini da magani. Da aka je gaban alƙali, takarda ta nuna kamar yana samun sauƙi. Har yau abin yana tsaya mini a rai.

Wani ɗan'uwa daga Faransa: Nan dokar 2002 ce ta ba da damar dakatar da hukunci, kuma alƙali da kansa yake naɗa likitan da zai duba mutum. Kawuna ya samu, amma da sharaɗin in ya warke zai koma ya ƙarasa.

Mai tambaya: Na gode, Allah ya saka da alheri. Barista, gobe zan nemi fayil ɗin. Likitan da yake yi masa wankin ƙoda ne ya kamata ya rubuta takardar, ko na cikin gidan yarin?