Neman shawara: yadda zan dafa romon sosej da kayan lambu irin na Italiyawa da naman halal

Mai neman shawara, daga Brescia

Assalamu alaikum 'yan uwa. Ina zaune a Brescia da ke arewacin Italiya, wannan ne sanyi na biyu da ya same ni a nan tun da na biyo maigidana, kuma akwai wani girki da ya tsaya mini a rai, wanda nake roƙon waɗanda suka riga ni zama a ƙasar nan su taimaka mini a kansa. Maƙwabciyata wata dattijuwa ce mai kirki ƙwarai, kuma duk ranar da sanyi ya tsananta takan dafa romo mai kauri da sosej ɗinsu da suke kira salsiccia, haɗe da farin wake, karas, dankalin Turawa da kabeji, har ƙamshin ya cika benen baki ɗaya. A makon jiya ta ƙwanƙwasa mini ƙofa da kwano cike a hannunta, ni kuwa dole na ba ta haƙuri, domin na san naman alade ne a ciki. Ta fahimta, ba ta nuna ɓacin rai ba, amma abin bai daina damuna ba, saboda a gidanmu ba a saba mayar da abincin maƙwabci ba.

Na yi niyyar in dafa irinsa da naman halal, mu ci a gida kuma in kai mata. Na gwada sau ɗaya da sosej ɗin merguez da na saya a wajen wani mahauci ɗan Maroko, na yayyanka shi, na zuba komai a tukunya lokaci guda kamar ana farfesu. Jan mai ya taso a sama, dankalin ya narke, waken bai nuna ba, ƙamshin kuma bai yi kama da nata ba ko kaɗan. A ina na yi kuskure? Da wane nama ya kamata in yi, kuma me zan zuba a madadin giyar inabi da ta ce tana sawa?

Wata 'yar uwa daga Modena

Wa'alaikumus salam ƙanwata. Kuskurenki na farko shi ne merguez, domin sosej ne na Arewacin Afirka wanda aka haɗa da jan barkono da kamun, shi ya sa ya rine miki romon kuma ya danne sauran ƙamshin. Abin da kike ji yana fitowa daga ɗakin maƙwabciyarki, kusan ina da tabbaci, 'ya'yan shammar ne, wanda a nan ake kira semi di finocchio, tare da tafarnuwa da kitsen da ya soyu. Tun da haka ne, ba kya buƙatar sayen sosej, ki haɗa namanki da kanki.

Ki ce wa mahaucinki ya niƙa miki kilo 1 na naman sa, amma kusan kashi ɗaya cikin huɗu ya zama kitse, kuma niƙan kada ya yi laushi sosai. A nan ne mutanenmu suka fi kuskure, sai su zaɓi tsoka zalla suna ganin ita ce mai kyau, alhali naman sa ya fi bushewa a wuta, idan babu kitse sai ki ji shi a baki kamar tsakuwa. Idan kina son ya ƙara taushi ki haɗa rabi naman sa, rabi cinyar talotalo. Ki zuba gishiri giram 18, shammar cokali 1 na cin abinci wanda kika ɗan gasa a busasshen kasko kika daddaka sama-sama, tafarnuwa ƙwaya 3 dakakkiya, baƙin masoro ƙaramin cokali 1, da ɗan busasshen barkono idan kuna son yaji. Ki zuba ruwan sanyi cokali 3, ki murza da hannu har naman ya fara danƙo yana kama tafin hannunki, sannan ki rufe ki sa a firji ya kwana. Kwanan nan shi ne yake mayar da niƙaƙƙen nama ya zama sosej, domin gishirin yana ratsa shi ya haɗe jikinsa. Ba sai kin ɗura shi a hanji ba. Su kansu Italiyawa sau da yawa sukan tsaga fatar su fitar da naman kafin su dafa. Rabin kilo ya ishi tukunyar mutum 5, sauran ki daskarar da shi.

Kuskure na biyu shi ne zuba komai lokaci guda. Ki ɗora tukunya mai kaurin gindi, ki zuba man zaitun cokali 2, ki gutsuttsura naman kamar girman goro ki jera, kada ki cika tukunyar kuma kada ki yi ta juyawa, ki bar kowane gefe ya yi ja sosai kafin ki kwashe. Za ki ga ɗan ƙanzo ya kama a gindin tukunyar, kada ki wanke shi, rabin daɗin romon a nan yake. A cikin man nan za ki zuba albasa 1, karas 2 da sandar seleri 2, duka yankakku ƙanana, ki rage wuta ki bar su minti 15 suna laushi a hankali ba tare da sun ƙone ba. Wannan shi ne soffritto, kuma a kansa ake gina yawancin miyar ƙasar nan. Daga nan sai tafarnuwa, ganyen rosmarino reshe ɗaya, da niƙaƙƙen tumatir na kwalba, wato passata, kamar giram 300 kawai, domin ba miyar dage-dage kike yi ba. Ki ƙara romon kaza ko ruwan zafi kusan lita 1, ki mayar da naman, ki zuba dankali manyan yanka, bayan minti 15 ki zuba kabeji da dafaffen wake, ki bar shi ya ƙara minti 20 a ƙaramar wuta yana tafasa a hankali.

Wani ɗan uwa mai aikin girki a Milan

Hajiya ta Modena ta gama magana a kan haɗin nama. Abin da zan ƙara gargaɗi ne, domin na ga mutane da yawa suna ɗaukar sosej ɗin kaza ko na talotalo a manyan kantuna suna zaton sun tsira. Ko da an rubuta pollo ko tacchino a gaban fakitin, ki juya bayansa ki karanta, domin akan haɗa da naman alade ko kitsensa, ko a ɗura shi a hanjin alade, ban da batun yanka. Kalmomin da za ki kiyaye su ne suino, maiale, lardo, pancetta da strutto. Wannan strutto narkakken kitsen alade ne, kuma ana sa shi a wasu nau'o'in burodi a arewacin ƙasar nan, saboda haka ko burodin da za ki ci romon da shi ki tambayi mai gidan burodin tukuna.

Wata 'yar uwa daga Prato

Ni dai a kan wake zan tsaya, domin ba a bayyana dalilin da ya sa naki ya ƙi nuna ba. Idan kin zuba tumatir tare da shi, tsaminsa ne ya hana shi. Busasshen wake idan ya haɗu da tsami tun yana ɗanye, fatarsa takan ƙi laushi ko da kin kai awa 2 kina dafawa. Ki jiƙa farin waken cannellini ya kwana, ki dafa shi shi kaɗai da tafarnuwa da ganyen salvia har ya nuna, kuma kada ki zubar da ruwan dahuwar, da shi za ki tsayar da romon. Na san hannunmu ya saba da jefa kanwa a wake, amma a wannan girkin kada ki sa, domin za ta sauya launi da ɗanɗano. Idan kina sauri, waken gwangwani na giram 400 guda 2 ya wadatar, sai ki ɗauraye shi. Ki kwashi ludayi ɗaya na waken ki murƙushe ki mayar, shi zai ba ki kaurin da kike nema.

Ina da ɗan saɓani da Yayarmu ta Modena a kan kabeji. A nan Tuskani baƙin kabeji ake sawa, cavolo nero, mai dogayen ganye masu duhu, wanda ba ya narkewa kuma yana da ɗan ɗaci mai daɗi da ke rage nauyin kitsen. A ganina ya fi dacewa, kuma yanzu ne lokacinsa. Amma tun da a Lombardiya kike, mai yiwuwa maƙwabciyarki verza take sawa, wato kabeji mai tattararren ganye, kuma idan ita kike son ki faranta wa, ki bi nata. Wani abin da zai ba ki sha'awa shi ne, wakenmu na gida mai baƙin ido suna da shi a nan, suna kiransa fagioli dall'occhio, kuma shi ne waken da aka sani a Italiya tun kafin a kawo irin su cannellini daga nahiyar Amurka.

Wani malami daga Vicenza

'Yar uwa, Allah ya saka miki da alheri a kan kula da haƙƙin maƙwabtaka. Game da giya, kada ki karɓi maganar masu cewa wuta tana ƙone ta duka, domin ba ta ƙarewa gaba ɗaya a dahuwa, kuma tun farko bai halatta a zuba ta ba. Aikinta a girkin shi ne ta ɓanɓaro ƙanzon tukunya kuma ta kawo ɗan tsami, to ludayin romo tare da cokali 1 na ruwan lemun tsami ko khal na tuffa zai yi wannan aikin.

Akwai kuma batun cuku, domin za ki ga suna jefa ɓawon Parmigiano a romo ko su barbaɗa shi a sama. Ana daskarar da madararsa ne da wani sinadari da ake cirowa daga tumbin ɗan maraƙi, wanda suke kira caglio. Malamai sun yi saɓani idan dabbar ba yankan Musulunci ba ce: Imam Abu Hanifa yana ganin tsarkinsa, Malikiyya da Shafi'iyya kuwa ba su gan shi haka ba. Mai son fita daga saɓani ya nemi cuku mai shaidar halal, ko wanda aka rubuta caglio microbico ko caglio vegetale a jikinsa, ko ya bar cukun, romon ba zai rasa komai ba.

Wata 'yar uwa daga Kano

Ina biye da ku tun daga farko, kuma ina so in gwada a wannan hunturun. Mu da muke gida, yaya za mu yi da kayan da ba mu da su?

'Yar uwa ta Modena

Ke ce ma kika fi mu samun nama mai kyau. Ki sa mahauci ya haɗa miki tsoka da tozo ya niƙa, kitsen tozo ya dace da wannan haɗin ƙwarai. Shammar kuwa masu sayar da magungunan Musulunci suna da shi, wajen da ake sayar da hulba da habbatus sauda. Karas, kabeji da dankalin Jos duk suna kasuwar 'Yankaba, ki tambayi masu kayan salak ko suna da seleri, idan babu ki ƙara albasa da ɗan koren tattasai. Farin wakenmu ya isa, sai dai ya fi saurin nuna, saboda haka ki sauke shi da ɗan ƙarfinsa. Masoronmu ya fi na nan ƙarfi da ɗaci, ki rage shi zuwa rabi. Idan man zaitun ya yi tsada ki soya da man gyaɗa, ki ajiye cokali ɗaya na zaitun ki zuba a sama bayan kin sauke. Abin da nake roƙonki kawai shi ne ki riƙe hannunki daga kori, daddawa da attarugu a karon farko, domin ki san ainihin ɗanɗanonsa kafin ki sauya shi yadda gidanki yake so.

Mai neman shawara, daga Brescia

Na gode ƙwarai 'yan uwa, Allah ya bar zumunci. Na haɗa naman ranar Juma'a da daddare, na dafa ranar Asabar da verza da waken da na dafa dabam. Tun lokacin da shammar ya ji wuta na gane ƙamshin da nake nema ke nan. Romon ya ɗan yi ruwa saboda na zuba lita guda da rabi, amma da na buɗe murfin na murƙushe wake kamar yadda 'yar uwa ta Prato ta ce, sai ya kama jikinsa, kuma abin da ya kwana ya fi na ranar farko daɗi. Na kai wa maƙwabciyata, ta ci a gabana, ta ce gishiri ya yi daidai amma in ƙara barin albasar ta daɗe a wuta. Ta kuma ce a Brescia da polenta ake cin irin wannan, ba da burodi ba. Yaya ake yin ta?

Ɗan uwa na Milan

Hajiya, wadda ta iya tuwon masara ba za ta sha wahalar polenta ba. Ki sayi garin da aka rubuta bramata, mai ɗan tsakin-tsaki ne kuma rawaya. Ki tafasa ruwa lita 1 da gishiri ƙaramin cokali 1, ki riƙa barbaɗa gari giram 250 a hankali kina juyawa domin kada ya yi gudaji, ba a yi masa talge. Ki rage wuta ki ci gaba da tuƙawa da muciya lokaci zuwa lokaci har minti 40 ko 45, sai kin ga tana saki daga gefen tukunya. Ta fi tuwonmu laushi, saboda haka kada ki ƙara gari don kin ga ba ta yi tauri ba. Ki zuba ta a faranti da zafinta, ki yi rami a tsakiya da bayan ludayi, ki zuba romon a ciki.