Me za mu kira ƙarin da ke hawa kan wani ƙarin?

Malamin lissafi, Zariya:
Assalamu alaikum malamai. Ina neman sunan Hausa ga abin da littattafanmu ke kira compound growth. Ga misali: kwandon tumatir naira 10,000, kullum farashinsa na ƙaruwa da kashi 10 cikin ɗari, nawa zai kai bayan kwana uku? Yawancin yara 13,000 suke rubutawa, don sun haɗa goma uku sun samu talatin. Amsar kuwa 13,310 ce: ranar farko 11,000, ta biyu 12,100, ta uku 13,310, saboda kashi goman kowace rana daga farashin jiya ake lissafa shi. In babu sunan da zai tuna wa yaro hakan, gobe ma 13,000 zai kawo mini.

Malama, Katsina:
Wa alaikumus salam Malam. Ai muna da "ninkin ba ninki".

Malamin lissafi:
Malama, na gwada shi. Yaro na jin ninki sai ya buga da biyu. Alhali a misalin nan sai rana ta takwas kuɗin ke haura ninki, ya kai wajen 21,436. A rana ta bakwai bai ma cika 19,500 ba.

Ma'aikacin banki, Kano:
Mu dai "ruwa kan ruwa" muke cewa, kowa kuma ya gane.

Malama:
A banki ya zauna daram, Alhaji. Amma yawan jama'ar gari fa? Ko ƙwayoyin cuta da ke hayayyafa? Waɗannan ba bashi suka ci ba. Sannan ka san iyayen yaranmu, yaro ya koma gida ya ce yau an koya musu kuɗin ruwa, da sassafe uban zai iso ofishin hedimasta.

Dattijo, tsohon malamin firamare:
'Ya'yana, tunda Bahaushe ya riga ya ce "uwar kuɗi", ku bi zuriyar mana. Uwa ta haifi 1,000, ɗan kuma ya haifi 100 washegari. Wannan ɗarin jika ne. Ku ce "ƙari mai jikoki".

Ɗan Maraɗi:
Baba, Allah ya ƙara girma, bayanin ya yi daɗi. Sai dai a wajenmu jika kuɗi ne, sefa dubu. A baki ana bambance su, a rubuce kuwa yaro zai ɗauka dubbai ake nufi.

Malama:
To a bar jikokin Baba wajen bayani a aji, suna kuma a ce "ƙari kan ƙari". Gajere ne, ba ruwansa da bashi, kuma yana da abokin tafiya: in darajar kaya ke sauka, 10,000 ta koma 9,000, 8,100, 7,290, sai mu ce "ragi kan ragi". Wancan na 13,000 ɗin kuma "ƙari kan uwa", tunda daga uwar kuɗin kaɗai ake lissafa kason.

Malamin lissafi:
Na karɓa, Malama. Ranar Litinin zan rubuta ukun a allo, in ba su wannan: kaya ya hau da kashi 10 yau, gobe ya sauka da kashi 10. Duk wanda ya ce ya koma 10,000 bai kama ba tukuna, 9,900 ne.