Me za mu kira injunction da Hausa?

Jama'a, shawara nake nema, musamman daga lauyoyi da masu fassarar labarai. Duk lokacin da kotu ta ba da injunction, rediyo kan ce "umarnin wucin gadi". A harabar kotu kuwa oda ake cewa: an samo oda, an kai masa oda. Ni dai babu wadda ta gamsar da ni.

Oda ta yi faɗi da yawa. Ba da beli oda ce, kamo mutum ma oda ce. Shi kuwa injunction galibinsa hani ne: kada ka gina, kada ka sayar, kada ka taɓa. Akwai mai tilasta a aikata wani abu, amma ba shi ya fi yawa ba. Don haka da "hani" zan fara.

Inda na fi damuwa shi ne wucin gadi. Kawuna ya sayi fili, gini ya kai linta, sai ga takarda daga kotu. Aka fassara masa cewa umarni ne na wucin gadi, ya ce to alhamdu lillahi, ya bar buhunan siminti a ɗakin maigadi, wai nan da wata guda za a ci gaba. Damina biyar ta bugi ginin nan. Simintin ya daskare ya zama dutse, rodin ya yi tsatsa, tumfafiya ta fito a tsakiyar falo. Yau alƙali ya tafi taro, gobe lauyan wancan ɓangare ba shi da lafiya, daga baya aka yi wa alƙalin canjin wurin aiki, shari'a ta koma farko. Da an gaya masa cewa hanin zai zauna har ranar hukunci, da tun a makon ya sayar da simintinsa.

Tushen ruɗanin shi ne abu uku muke zubawa a kwando ɗaya. Kotun Ƙoli ta rarrabe biyun farko tun 1989, a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Nijeriya.

Akwai interim, na ɗan lokaci kaɗan, kafin a saurari ɗaya ɓangaren. Shi nake so mu kira hanin gaggawa. Dokokin Babbar Kotun Jihar Legas sun ce idan an bayar da shi ba tare da jin wanda ake ƙara ba, bayan kwana 7 ya mutu, sai in alƙali ya ƙara wa'adi.

Sai interlocutory, wanda ya ci kawuna. Ana ba da shi bayan an ji ɓangarorin biyu, kuma yana nan daram har a yanke hukunci. Na ce hanin jiran hukunci. Sunan ya ɗan yi tsawo, amma duk wanda ya ji shi zai tambayi lauyansa: yaushe hukuncin?

Na uku, perpetual, ba ya bukatar dogon tunani: hanin dindindin, irin wanda tsohon gwamnan Jihar Ribas, Peter Odili, ya samu a kan EFCC a 2007.

Ga ex parte kuma, wato a ba da hani ba tare da jin wanda ake ƙara ba, muna da "bayan ido" a bakinmu tun kaka da kakanni. Mutanen Kano sun ga aikinsa a Mayun 2024 a rikicin masarauta, lokacin da Babbar Kotun Tarayya ta ba da nata, Babbar Kotun Jiha ta ba da nata, suna karo da juna. Da an ce mana hanin bayan ido ne, da kowa ya gane ba a kai ga sauraren ɗaya ɓangaren ba.

Wani malami da nake girmamawa ya ce, "Ɗana, ai fikihun Malikiyya yana da tauƙifi," wato a tsare abin da ake jayayya a kansa har alƙali ya gama bincike. Allah ya ƙara wa Malam lafiya, kalmar ta dace da gona da gida. Sai dai tsohuwar da aka hana taɓa gadonta ba za ta gane ta ba sai an sake fassara mata. Takunkumi kuma tuni ya tafi wajen ladabtar da ƙasashe.

'Yan'uwa na Maraɗi da Damagaram, ku da kotunanku ke aiki da Faransanci, me kuke ce wa référé, wato hanyar neman umarnin gaggawa daga alƙali, idan za ku yi wa dattijo bayani?