Shawarwari Kan Ƙirƙirar Kalandar Haske a Labarin Almara

Wasu marubuta sun tattauna yadda za a tsara wa duniyar da aka ƙirƙira a labari kalandar da ta dogara da haske, kuma bakinsu ya zo ɗaya: fara tantance inda hasken yake fitowa. Rana ɗaya ce a sararin samaniyar wannan duniyar ko biyu? Daga nan tsawon yini da shekara za su fito da kansu.

Shawarar da ta fi kwanta mini a rai ita ce kada lissafin ya cika daidai. Shekarar wata kwana 354 ce, ta rana 365, shi ya sa azumi ke zagayawa damina da hunturu. Irin wannan rarar ke haifar da bukukuwa da gardamar masana a cikin labari.

Wasu kuma suka ce a dubi arewacin Norway, inda rana kan yi makonni ba ta leƙo ba.