Neman takardu a hukumomin gwamnati a Legas: abin da ya same mu

Malamin makaranta, Agege:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. A watan jiya na rubuta wa wata hukuma ina neman bayanin kwangilar gyaran magudanar ruwan unguwarmu, wadda aka kafa allonta tun bara amma har yanzu ruwan sama na shiga shaguna. Na dogara ne da Dokar 'Yancin Samun Bayanai da Shugaba Goodluck Jonathan ya sa wa hannu a watan Mayun 2011, wadda ta ba hukuma kwana bakwai ta amsa, kuma ba ta tilasta wa mai nema ya faɗi dalilinsa ba. An ba ni jimillar kuɗin da sunan kamfanin, amma shafin da ke ɗauke da farashin kaya dalla-dalla an shafe shi da baƙin tawada, aka rubuta a gefe cewa sashe na 15 ya kare sirrin kasuwancin kamfani. Wa ya taɓa cin karo da irin wannan?

'Yar kasuwa, Mile 12:
Wa'alaikumus salam, Malam. Ni sunayen waɗanda aka raba wa sababbin rumfuna na nema, sai aka ce sashe na 14 ya hana fitar da bayanan da suka shafi rayuwar mutum. Da farko na ɗauka wulaƙanci ne, amma da na nutsu sai na ga akwai ƙamshin gaskiya a ciki, domin takardar tana ɗauke da adireshi da lambobin waya. Na sake rubutawa ina neman adadin rumfunan da kuɗin da aka karɓa kawai, kuma an ba ni, ko da yake sai da na yi zirga-zirga sau uku.

Dillalin shanu, Alaba Rago:
Hajiya kin yi sa'a. Shekarun baya, jami'in wata ma'aikatar jiha ko buɗe ambulan ɗina bai yi ba, ya ce dokar ta tarayya ce, ba ta hau kan jihohi ba sai majalisar jiha ta yi tata, kamar yadda Ekiti ta yi. Na haƙura na koma kara.

Lauya, Obalende:
Alhaji, wannan hujjar ta faɗi, domin a watan Afrilun 2025 Kotun Ƙoli ta yanke hukunci, a wata shari'a da ta taso daga jihar Edo, cewa dokar ta shafi jihohi ma. Malam, abin da aka yi maka yana kan hanya idan da gaske farashin sirri ne, tunda sashe na 18 ya ce a cire abin da aka keɓe a ba da sauran. Sai dai hatta a sha'anin tsaro da binciken 'yan sanda, dokar ta ce a fitar da bayani idan amfanin jama'a ya rinjayi illar fitarwa, kuma kuɗin magudanar ruwa kuɗin jama'a ne. Shirun hukuma ma ƙi ne a idon doka, kuma kana da kwana 30 ka garzaya kotu, inda hana bayani ba bisa ƙa'ida ba ke jawo tarar naira 500,000.

Malamin makaranta, Agege:
Na gode, Barista. Kwafin wasiƙata da aka buga wa hatimin karɓa yana hannuna, kuma yau kwana 12 ke nan da samun amsarsu.