Gola ɗan shekara 19: benci a babbar ƙungiya ko lamba ɗaya a ƙarama?

Mai_Safar_Hannu

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Tambaya gare ni ga waɗanda suka san harkar tsaron raga. A ce yaro gola ne ɗan shekara 19, an ajiye masa zaɓi biyu: ko ya sa hannu a babbar ƙungiya ya zama gola na uku, ko ya tafi ƙarama inda shi zai riƙa kama kowane wasa. Wanne ya fi saurin kai mutum tawagar ƙasa? Sannan me ke sa a ga gola yana tashe a kulob, amma da ya sa rigar ƙasarsa sai ka rantse ba shi ba ne?

Kocin_Gola

Wa alaikumus salam. Ya tafi inda zai kama wasa, ɗan'uwa. Ɗan gaba in yana benci ana iya sako shi minti 20 na ƙarshe ya nuna kansa. Gola ba ya da wannan gatan. Gurbi ɗaya ne tak, kuma ko da yanzu canji biyar ake yi, koci ba ya kashe ko ɗaya a kan gola sai an ji rauni ko an ba da jan kati. Gola na uku yana iya cinye kakar wasa sukutum bai taɓa ƙwallo a gasa ba.

Atisaye yana gyara hannu, amma ba ya koyar da yanke shawara. A atisaye ka san za a bugo maka, ka san daga ina. A wasa kana iya yin minti 30 a tsaye ba abin da ya zo, sai kwatsam a ɗago ƙwallo tsakaninka da ɗan bayanka, ga mutum shida a gabanka, kuma cikin ƙiftawar ido za ka zaɓa: ka fita ko ka tsaya. Wanda ya fi cin golan da bai saba wasa ba shi ne rabin fita, wato ya taso daga layi, ya yi shakka, ya tsaya a tsakiya, bai kama ba kuma bai tsare raga ba. Wannan ciwon wasa ne kaɗai ke maganinsa.

Dubi Emiliano Martínez. Ya shiga Arsenal a 2010, ya yi shekara 10 ana tura shi aro daga wannan ƙungiya zuwa waccan, wasannin Firimiya da ya kama wa Arsenal ba su kai 20 ba. Sai da golan Arsenal na ɗaya, Bernd Leno, ya ji rauni a 2020 ya samu dama, ya ci kofin FA, ya koma Aston Villa don ya zama lamba ɗaya. A 2021 ya fara kama wa Ajantina yana ɗan shekara 28, a 2022 ya ɗauki kofin duniya. Hannun nan dai yana nan tun da can, wasa ne babu. Shi kuwa Vincent Enyeama yana kama wa Enyimba aka tsayar da shi gaban Ingila a gasar kofin duniya ta 2002 yana da shekara 19, aka tashi babu ci, jimilla kuma ya kama wa Najeriya wasa 101.

Sha_Takwas

Malam Koci, na yarda da kai amma ba duka ba. Akwai ƙaramar ƙungiyar da ba ta da kocin gola ko ɗaya, sai dai a tara 'yan gaba su yi ta dankara wa yaro ƙwallo bayan atisaye. A irin wannan wuri zai kama wasa 30 a shekara yana ƙara kafe kuskurensa. Shekara ɗaya ko biyu a hannun ƙwararren mai horarwa ba asara ba ce, in dai akwai hanyar fita. Chelsea ta sayi Thibaut Courtois a 2011 yana ɗan shekara 19, ta tura shi aro Atlético Madrid nan take, ya yi kaka 3 yana kamawa, ya ci La Liga a 2014 kafin ya dawo. Don haka kafin a sa hannu a tambayi abu uku: shekarun gola na ɗaya da sauran kwantiraginsa, ko akwai kocin gola na dindindin, da ko za a rubuta batun aro a takarda. Alkawarin baki ba ya aiki, domin kocin da ya yi shi yana iya barin aiki kafin wata shida.

Ga kuma abin da masu farautar 'yan wasa ke kallo, don ba tsallen da ake yaɗawa a bidiyo ba ne. Faɗin raga mita 7.32 ne, tsayinta 2.44. Ba wanda zai rufe wannan da tsalle, da tsayuwa ake rufe shi. Suna duba ko gola yana kan layin da ya haɗa ƙwallo da tsakiyar raga, kuma ko ƙafafunsa sun natsu a ƙasa daidai lokacin da ƙafar mai bugu ta taɓa ƙwallo: faɗin kafaɗa, nauyi a gaban tafin ƙafa, hannuwa a gaba daidai ƙugu. Wanda yake cikin tafiya aka buga, ko ƙwallon ta bi ta gefen ƙafarsa ba zai iya faɗuwa ba. Suna duba inda yake ture ƙwallo, gefe ko tsakiya, don wadda aka ture tsakiya ta zama sadaka ga ɗan gaba. A ƙwallon sama kuma da ƙafa ɗaya ake tashi, a ɗaga gwiwar ɓangaren da abokin hamayya zai zo, a kama a can ƙololuwa, manyan yatsu a bayan ƙwallo.

Sai ƙafa. Tun 1992 aka hana gola ɗaukar ƙwallon da ɗan ƙungiyarsa ya mayar masa da ƙafa da gangan. A 2019 aka ce bugun gola ba sai ya fita daga da'irar sha takwas ba, shi ya sa yanzu daga ƙafar gola ake fara gina wasa. A 2025 aka mai da riƙe ƙwallo daƙiƙa 8, wanda ya wuce a ba abokan hamayya bugun kwana. Joe Hart na Manchester City shi ne golan Ingila a 2016, amma koci Pep Guardiola yana zuwa ƙungiyar ya ajiye shi saboda batun wasa da ƙafa. Yaron da ba ya iya ba da ƙwallo da ƙafarsa mara ƙarfi a mita 20 zuwa 30, ya fara yau.

Turken_Hagu

Bari in ɗauki tambaya ta biyu, don an bar ta a baya. A kulob gola yana tare da 'yan bayansa kusan kullum, ya san wanda ke son a ba shi a ƙafar dama, ya san wanda ba ya da gudu. A tawagar ƙasa kwana uku ko huɗu ake samu kafin wasa, mutanen kuma daga ƙungiyoyi daban-daban suka zo, wani ya saba tsaron mutum da mutum a bugun kwana, wani ya saba tsaron wuri. Yawancin ƙwallayen da ake ɗora wa gola a wasan ƙasa daga nan suke fitowa. Maganinsa a zauna tun ranar farko a tsayar da kalma biyu kawai, ɗaya ta "na fito", ɗaya ta "fitar da ita", a kuma yanke wa ke tsayawa a turken raga na kusa da mai bugu, mutum nawa ne a katangar bugun tazara daga kowane ɓangare.

Salon koci ma yana iya cin karo da na kulob. André Onana ya taso da wasan ƙafa a Ajax, amma a gasar kofin duniya ta Qatar a 2022 ya kama wa Kamaru wasa ɗaya da Suwizalan, saɓani ya shiga tsakaninsa da koci Rigobert Song, ya bar sansani. Sannan uzuri kaɗan ne. A lig in ka yi kuskure akwai wasa sati mai zuwa. Golan Ingila Robert Green ya saki ƙwallon Clint Dempsey a wasan Ingila da Amurka a 2010, wasa na gaba David James aka tsayar. Wani kuma ba laifinsa ba ne, layi ne ya yi tsawo: Marc-André ter Stegen ya fara kama wa Jamus a 2012, daga baya ya zama lamba ɗaya a Barcelona, amma ko a 2018 da Manuel Neuer ya yi kusan kaka guda yana jinyar ƙafa, Neuer ɗin aka tsayar a gasar kofin duniya ta Rasha.

Abin da ke ɗaga gola a gasar ƙasashe shi ne fenariti. Mita 11 ne, ƙwallo tana isa raga cikin kusan rabin daƙiƙa, kuma dole sashen ƙafa ɗaya ya kasance a kan layi, ko daidai da shi, ko bayansa lokacin bugu. Sai an yi nazarin masu bugu tun kafin wasa. Golan Najeriya Stanley Nwabali a lokacin yana wasa a gasar Afirka ta Kudu tare da Chippa United, ya kuwa tare fenariti biyu na tawagar Afirka ta Kudu a wasan kusa da na ƙarshe na kofin Afirka a Fabrairun 2024.

Mai_Safar_Hannu

Na gode ƙwarai, Allah ya ƙara sani. To wanda ya kai 22 ko 23 bai samu gindin zama ba fa, ya haƙura?

Kocin_Gola

Ina! Gola yana daɗewa bai nuna ba, kuma yana daɗewa bai tsufa ba. Édouard Mendy yana ɗan shekara 22 ba shi da ƙungiya a 2014. Daga baya ya bi ta Marseille, Reims da Rennes, ya ci kofin Zakarun Turai da Chelsea a 2021, ya ɗauki kofin Afirka da Senegal a 2022. Dino Zoff na Italiya ya ɗaga kofin duniya a 1982 yana da shekara 40, Essam El-Hadary na Masar ya tare fenariti a gasar 2018 yana da 45.

Sharaɗin dai jiki ya kai. Yatsu, kafaɗa da ƙugu su ke fara gajiya. A faɗi a kan gefen cinya da gefen jiki, ba a kan gwiwar hannu ba, don dira kan gwiwar hannu ke tura kafaɗa ta goce. Yatsan da ya bugu a ɗaure shi da na kusa da shi, amma in ya karkace ko ya ƙi miƙewa a je a ɗauki hoto, kada wani ya ja shi a bakin fili. In kuma kai ne ya bugu har aka ji jiri ko gani ya dushe, a fita daga wasan nan take, likita ne zai faɗi ranar dawowa.